DAGA ƊAKIN AJI: Tauraron da Aka Rubuta a Kan Yumɓu

 

Abin da ya jawo maganarmu ta wannan wata tambaya ce ta wata yarinya 'yar aji shida. Muna cikin darasin Littafi Mai Tsarki, muna karatun Dokoki Goma, sai ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, don me ake rubuta Allah da babban baƙi, alloli kuwa da ƙarami, alhali kunne ba ya jin babba ko ƙarami?" Muka ce mata babban baƙi alama ce ta ido, ba ta kunne ba. Ba a faɗarsa da baki, amma yana gaya wa mai karatu girman sunan da ke gabansa. Da muka koma gida tambayar ba ta rabu da mu ba, gama ta tuna mana da waɗansu mutane na zamanin dā, mutanen ƙasar da Ibrahim ya fito, waɗanda su ma suna da wata alama da ake rubutawa amma ba a faɗa. Labarin wannan alama muke so mu ba ku.

Ƙasar da rubutunta

Ku buɗe Farawa 10:10, za ku ga sunayen Babila da Erek da Akkad. Waɗannan garuruwa suna tsakanin koguna biyu, Taigiris da Yufiretis, a ƙasar da ake kira Iraƙi a yau. A can Erek, wadda mutanenta suke kira Uruk, aka sami rubutun da yake cikin mafi daɗewa a duniya, na wajen shekara ta 3200 kafin haihuwar Almasihu. Ba su da takarda, ba su da tawada. Abin da Allah ya wadata su da shi yumɓu ne da iwa ta bakin kogi. Sai marubuci ya cura yumɓu ya daɓe shi kamar ƙaramin allo, ya fere kara, ya riƙa danna bakinsa a kan ɗanyen yumɓun. Kowane danni yakan bar shaida mai faɗin kai da siririn jela, kamar ƙusa. Saboda haka za mu kira shi rubutun ƙusa.

Sumeriyawa ne suka fara shi don harshensu. Daga baya Akkadawa suka ara, kamar yadda kakanninmu suka ari baƙaƙen Larabci suka yi ajami, aka kuma ari na Turawa aka yi boko. Harshen Akkadawa, watau Akkadiyanci, shi ne mutanen Babila da na Assuriya suka yi ta magana da shi. Ba shi da dangantaka da Sumeriyanci ko kaɗan, amma ɗan'uwan Ibrananci ne da Aramaik da Larabci. Rigar aro kuwa ba ta cika zama daidai da jiki ba. Wannan ne ya sa alama ɗaya takan yi aiki uku ko huɗu a hannun marubucin Akkadiyanci.

Mu da baƙaƙenmu na boko, waɗanda ba su kai 30 ba, yaro yakan ƙare su a aji ɗaya. Yaron Babila kuwa, in yana so ya zama cikakken magatakarda, sai ya san alamomi wajen 600. Makarantarsu ana kiranta "gidan allo". Masu tonon tarihi sun sami allunan 'yan makaranta masu yawa a garuruwa irin su Nippur da Ur. Waɗansu ƙanana ne kewayayyu, malam ya rubuta layi da hannunsa mai kyau, ɗalibi kuma ya kwaikwaya da nasa karkataccen hannun. Duk malamin da ya taɓa duba littafin ɗan aji ɗaya zai gane wannan aiki.

Alama ɗaya, aiki huɗu

Alamar da muke magana a kanta masana suna kiranta AN, ko kuwa DINGIR. Da fari hoton tauraro ce sosai, layi huɗu da suka gitta juna suka ba da tsini takwas. Da shekaru suka yi ta wucewa, marubuta suka yi ta rage mata wahala, har a zamanin sarakunan Assuriya ta koma ƙusa biyu a kwance da ɗaya a tsaye. A Sumeriyanci "an" shi ne sama, shi ne kuma sunan allahn da suka ce yana mulkin sama. "Dingir" kuwa shi ne allah, kowane iri. Hoton tauraron nan guda shi ya tsaya wa kalmomin duka.

Aikinta na farko a Akkadiyanci shi ne sauti kawai. Rubutun ƙusa ba ya tafiya baƙi baƙi kamar boko, gaɓa gaɓa yake tafiya. Duk inda marubuci yake bukatar gaɓar "an", sai ya danna tauraron nan, ko da maganar ba ta shafi sama ko allah ba. In zai rubuta "mannu", watau "wa?", sai ya jera ma, an, nu. In zai rubuta "dannu", watau "mai ƙarfi", sai ya jera da, an, nu. Haka kuma "annu", watau "wannan". A nan tauraron ya zama ɗan aike, yana ɗauke da sauti, ba ruwansa da ma'ana.

Aiki na biyu shi ma sauti ne, amma wani dabam. Da yake kalmar allah a Akkadiyanci "ilu" ce, sai suka ba alamar sautin "il". Akwai kuma waɗansu alamomi da ake karantawa "il", don haka masana na yanzu suka ba su lamba don kada a rikice, tauraron nan shi ne "il" na 3.

Aiki na uku, alamar takan tsaya a madadin kalma sukutum, kamar yadda muke rubuta 2 mu ce biyu, Bafulatani ya ga lambar nan ya ce ɗiɗi, Bature kuma ya faɗi tasa kalmar. Marubucin Babila yakan rubuta tauraron ya karanta "ilu", allah, ko "shamu", sama, ko "Anu", sunan allahn sama. To, yaya mai karatu zai san wadda ake nufi? Sau da yawa sukan ƙara masa ɗan jagora a baya. In an bi tauraron da gaɓar "e", ya san "shame" ne, watau na sama. In an bi shi da "lum", ya san "ilum" ne. In an bi shi da alamar jam'i, ya san alloli ne. In kuma aka haɗa shi da wata alama, sai sabuwar kalma ta fito. AN da BAR ana karantawa "parzillu", baƙin ƙarfe. AN da NA ana karantawa "annaku", kuza, irin wadda aka yi ta haƙa a Jos. Abin dariya kuma, alamar da ta fara da hoton tauraro ita kaɗai ba ta isa a rubuta tauraro da ita ba. Sai an jera ta sau uku kafin a karanta "kakkabu", tauraro.

Kunnen Bahaushe ba zai rasa jin wani abu a cikin waɗannan kalmomi ba. "Shamu" 'yar'uwar "shamayim" ce ta Ibrananci da "sama'u" ta Larabci, ga ta kuwa kusa da "sama" tamu. "Ilu" kuma tushensu ɗaya da "El" ta Ibrananci, wadda muke ji a ƙarshen Isra'ila da Daniyel da Immanuwel, tushensu ɗaya kuma da "ilah" ta Larabci, inda sunan Allah da muke kira cikin addu'a ya fito.

Aiki na huɗu shi ne wanda tambayar yarinyar nan ta tuna mana. Duk sa'ad da marubuci zai rubuta sunan wani allah, sai ya fara danna tauraron a gaban sunan. Ba a karanta shi da baki. Aikinsa kawai ya gaya wa ido cewa abin da ke biye allah ne. Alamar rana in tana ita kaɗai, yini ce. In aka sa mata tauraro a gaba ta zama Shamash, allahn rana. Lamba 30, adadin kwanakin wata, in aka sa mata tauraro ta zama Sin, allahn wata. Haka Marduk, wanda Irmiya 50:2 ya kira Merodak, haka Bel da Nebo na Ishaya 46:1. Akwai wani jerin sunayen alloli da magatakardan Babila suka yi ta kwafa, mai suna kusan 2,000, layi bayan layi tauraron nan yana gaba.

Yadda aka gane karatunsa

An yi rubutun ƙusa fiye da shekara 3,000. Har Fir'auna na Masar da shi ake aika masa wasiƙa. A shekara ta 1887 aka tono wasiƙu fiye da 300 a Amarna ta Masar, a cikinsu har da na wani sarkin Urushalima na ƙarni na 14 kafin haihuwar Almasihu. Allunan ƙarshe da aka san shekarunsu na ƙarni na farko ne bayan haihuwar Almasihu, lissafin taurari ne kuwa. Daga nan aka manta da karatunsa ɗungum har wajen shekara 1,700.

A ƙarni na 19 wani hafsan sojan Ingila, Henry Rawlinson, ya hau dutsen Bisitun a ƙasar Iran, ya kwafi rubutun da sarki Dariyus ya sa aka sassaƙa cikin harshe uku, wannan Dariyus ɗin da muke karantawa a littafin Ezra da na Haggai. Wani fasto kuma na wani ƙaramin gari a Ailan, Edward Hincks, ya zauna a ɗakinsa shekara da shekaru yana kwatanta alamomi, har ya nuna cewa gaɓa gaɓa ake karanta su. Da suka ce alama ɗaya tana iya ba da sauti biyu ko uku, mutane da yawa suka yi musu dariya, suka ce ashe kowa yana iya karanta abin da ya ga dama ke nan. Don a kashe gardama, a shekara ta 1857 wata ƙungiyar masana a Landan ta karɓi fassara daga mutum huɗu, Rawlinson da Hincks da Fox Talbot da Julius Oppert, kowa ya fassara rubutu ɗaya na wani sarkin Assuriya ba tare da ya ga aikin ɗan'uwansa ba. Da aka buɗe ambulan, aka tarar fassarorin sun yi daidai a kan manyan abubuwa.

Da mu Hausawa aka tambaya, da ba mu yi mamaki ba. In muka rubuta "Kai, ka kai masa maganin ciwon kai", ga "kai" uku, rubutu ɗaya, ma'ana uku, ba kuwa yaron da zai ɓata. Haka "gari" na zama da "gari" na tuwo. Abin da ke kewaye da kalma shi ke nuna hanya.

Sunayen da muka sani

Yanzu sai mu koma ga Littafi Mai Tsarki da wannan ɗan sani. Sunan Babila sau da yawa da alama huɗu ake rubuta shi, ta farko ƙofa, ta biyu tauraron nan. Mutanen garin sukan fassara sunan "Bab ili", watau ƙofar allah. Sai ku kwatanta da Farawa 11:9, inda aka haɗa sunan da rikicewar harsuna. Su suna fahariya ƙofar allah ce, Littafi kuwa ya tuna musu wurin da mutum ya nemi yi wa kansa suna ya ƙare a warwatse.

Sarakunan da muke jin sunayensu a coci, kusan kowanne yana ɗauke da sunan wani allah. Nebukadnezzar, wanda ya yi mulki daga 605 zuwa 562 kafin haihuwar Almasihu, asalin sunansa roƙo ne ga Nebo ya tsare magajinsa. Belshazzar roƙo ne ga Bel ya tsare sarki. Sennakerib yana nufin Sin ya maye gurbin 'yan'uwa. Ewil-merodak kuwa mutumin Marduk. In magatakarda zai rubuta irin waɗannan sunaye, yakan sa tauraron a gaban sunan allahn da ke ciki.

Da wannan za mu ƙara gane nauyin abin da ya sami Daniyel da abokansa. Sura ta farko ta littafinsa ta ce an zaɓe su don a koya musu rubutu da harshen Kaldiyawa shekara uku, aka kuma sake musu sunaye. Daniyel yana nufin Allah ne alƙalina. Aka ba shi Belteshazzar, sarki da kansa ya ce bisa ga sunan allahnsa ne (Daniyel 4:8). Ku dubi saurayin da aka rene shi a Yahuza, yana zaune a makarantar baƙi, inda ake danna tauraro a gaban Marduk da Nebo kowace safiya. Bai ƙi karatu ba. Ya koya har ya fi sauran. Amma karatun ya tsaya a hannunsa da kansa, zuciyarsa kuwa ta zauna inda iyayensa suka ajiye ta, sau uku a yini yana durƙusawa wajen tagar da ke duban Urushalima.

Sarkin da ya sa wa kansa tauraro

Wajen shekara ta 2250 kafin haihuwar Almasihu aka yi wani sarki a Akkad, sunansa Naram-Sin, jikan Sargon wanda ya kafa daular. Ma'anar sunansa ƙaunataccen Sin, saboda haka tun dā akwai tauraro a tsakiyar sunan, a gaban Sin. Sarakunan da suka riga shi sun yarda su bayin alloli ne. Shi kuwa, bayan ya murƙushe wani babban tawaye, sai magatakardansa suka fara danna wani tauraro a gaban sunansa duka. Aka riƙa kiransa sarkin kusurwoyi huɗu na duniya, allahn Akkad, aka gina masa haikali a cikin birni. Akwai wani dutse da aka sassaƙa don tunawa da nasararsa, yana hawan tsauni, ya fi kowa tsawo, yana tattake abokan gaba, a kansa da hular ƙarfe mai ƙaho, irin wadda alloli kaɗai ake zana wa. Bayansa Shulgi sarkin Ur, birnin Ibrahim, wanda ya yi shekara 48 a kan gado, shi ma ya karɓi tauraron.

Ku lura, sautin sunan bai sake ba. Wanda ya ji ana kiran Naram-Sin jiya, haka zai ji yau. Ƙusoshi kaɗan ne aka ƙara a kan yumɓu, ba a kuwa faɗarsu. Amma da su mutum mai ci da sha, mai ciwon kai da tsufa, ya shiga jerin abin sujada.

Ƙarshen labarin ba shi da tsawo. Ɗansa ya gaje shi, bayan ɗan kuma daular ta wargaje. Dutsen nasararsa, wani sarkin Elam ya kwashe shi ganima bayan shekara fiye da 1,000, ya kai Shushan, garin Esta. A can masu tono suka same shi a shekara ta 1898, yanzu yana gidan ajiye kayan tarihi na Louvre a birnin Paris, 'yan yawon buɗe ido suna wucewa suna kallo. Birnin Akkad kuwa, wanda aka ce shi ne allahnsa, har yau ba a gano inda kufansa yake ba.

Abin da ya shafe mu

Kada mu rena mutanen nan. Masu hikima ne ƙwarai. Minti 60 da ke cikin awa a agogonmu daga irin lissafinsu ya samo asali. Sun dubi sama da dare, kamar yadda mu ma muke dubanta a tsakar gida lokacin bazara, suka ji tsoro da mamaki, ba su kuwa yi kuskure ba da suka ji haka. Inda suka ɓata shi ne, suka ba abin da aka halitta girman da ya dace da Mahalicci, kamar yadda Bulus ya bayyana a Romawa 1:25. Joshuwa 24:2 ya ce har Tera, uban Ibrahim, ya bauta wa waɗansu alloli a hayin Kogi. Ur da Haran, garuruwa biyu da iyalin suka zauna, dukansu manyan wuraren sujada ne ga allahn wata. Daga cikin wannan Allah ya kira Ibrahim. Sa'ad da ya fito da shi waje da dare (Farawa 15:5), bai ce ya rusuna wa taurari ba, ƙirga su ya ce ya yi. Sura ta farko ta Farawa ma ba ta ko kira rana da wata da sunansu ba, fitilu kawai ta ce da su, babba da ƙarama, ta ambaci taurari a taƙaice a bayansu.

A gidajenmu ba mu da allon yumɓu, ba wanda zai rubuta tauraro a gaban sunan wani abu. Amma alamar da ba a faɗa da baki tana nan, yara kuwa sun iya karanta ta fiye da yadda muke zato. Suna ganin abin da yake hana mu zuwa sujada da abin da ba ya hana mu. Suna ganin wanda muke rawar jiki a gabansa, mai kuɗi ne ko mai muƙami. Suna ganin inda muke gudu da dare in ciwo ya yi tsanani, ko wurin addu'a da asibiti ne, ko kuwa wurin mai duba. Suna jin abin da muke tambaya da fari in sun dawo da sakamakon jarrabawa. Uba yana iya rubuta Allah da babban baƙi kowace rana, amma a cikin zaman gidansa tauraron yana gaban albashi, ko gona, ko takardar shaida, ko ma gaban sunansa shi kansa. Mu malamai da masu hidimar ikkilisiya ba mu tsira daga wannan ba, gama wanda ake tashi tsaye in ya shigo ɗaki yana kusa da jarabar Naram-Sin. Ku karanta abin da ya sami Hirudus a Ayyukan Manzanni 12:21-23.

Ga kuma ƙarfafawa ga iyayen da 'ya'yansu suke makarantun nesa, inda ake koyar da abubuwa iri iri. Kada mu hana su ilimi don tsoro. Daniyel ya yi karatun Babila, bai zama na Bel ba. Abin da ya tsare shi tun daga gida aka ba shi. Masanan nan kuma da suka zo daga gabas a Matiyu sura 2, masu duban taurari ne, amma da tauraron ya tsaya, ga ɗan yaron suka durƙusa.

Aikin gida

Ga abin da muke roƙon kowane gida ya yi a wannan wata. Ku sa yara su samo yumɓu ko laka mai danƙo, su daɓe ta kamar tafin hannu, su fere karan dawa ya yi baki mai kusurwa. Kowa ya danna layi huɗu masu gittawa, ya yi tauraro. Ku gaya musu karatunsa: an, il, sama, allah, da kuma inda ake yin shiru. Sa'an nan a lokacin addu'ar dare ku fita tsakar gida, ku karanta Ishaya 40:25-26 da Maimaitawar Shari'a 4:19, ku dubi sama tare. Mai gida ya yi ƙarfin hali ya tambayi iyalinsa, "A ganinku, mene ne ya fi girma a gidan nan?" Ya kuma yi haƙuri ya ji amsar, ko da ba ta yi masa daɗi ba.

Yarinyar nan da ta yi tambaya, mun kai mata allon yumɓu da muka yi da hannunmu, yana kan taga a aji shida yana bushewa. Wanda ya yi nasa a gida, ya rubuto mana yadda aka ƙare.

Sai mun sadu a wata mai zuwa, in Ubangiji ya yarda. Alherinsa ya kasance tare da ku duka.